Ɓaure a Kan Iyaka

Ranar da na fara ganin mutumin Zariya, a kan kujerata na same shi. Ba wata kujerar kirki ba ce, ta roba ce fara, an ɗaure ƙafarta ɗaya da waya. Amma shekara tara ni ke zama a kanta duk ranar da na zo Stains, can gefen birnin Paris, a hannun daman Baba, daidai kunnensa mai ji. Na yi sallama da jaka a kafaɗa, na taso tun daga Lyon da sassafe ko karyawa ban yi ba, sai ga wani dogo mai tabarau ya miƙe da fara'a yana ba ni hannu biyu. Ya ce ai ya sha jin labarina. Ni kuwa ban taɓa jin nasa ba, kuma tun daga nan na fara jin haushinsa.

Baba ba shi ya haife ni ba. Aminin mahaifina ne, gonakinsu na haɗe a ƙauyenmu da ke gabas da Maradi, tsamiya ɗaya ce ta raba su. Ya zo Faransa tun ba a haife ni ba, ya yi aikin masana'anta har ƙarfi ya ƙare. Matarsa ta rasu, ƴaƴansa biyu mata suna can gida da aurensu. Da na samu karatu a Lyon, mahaifina bai daɗe da rasuwa ba. Baba ne ya tarye ni, na kwana a falonsa wata uku, shi ya saya mini rigar sanyi ta farko, shi ya raka ni har bakin jirgin ƙasa yana gargaɗina kan cin naman da ban san wanda ya yanka ba. A raina na ce Allah ya ɗauke mini uba ya mayar mini da wani. Ko da na gama karatu, na yi aure, na kama aikin gwajin ruwan sha na zauna a Vaulx-en-Velin da ke gefen Lyon, ban daina zuwa ba. Sati biyu ba sa wucewa ban hau bas na shiga metro, jirgin ƙarƙashin ƙasa, na kama hanyar Paris ba.

Baba ba ya kallon ƙwallo, labarai ma ba ya kallo sai in yana jin yin musu da mai karantawa. Abinsa fim ɗin kaboyi ne, tsofaffin nan da launinsu ya koɗe. Su ma ba kowanne ba. Wanda ake fashin banki ko a tare jirgin ƙasa, kashewa yake yi ya ce aikin ƴan iska ne. Nasa shi ne wanda ake rigimar ƙasa. Wani talaka zai zo da iyalinsa a keken doki, ya share fili, ya kewaye da waya mai ƙaya, sai ga wani attajiri mai garken shanu ya aiko yaransa, wai nan ne hanyar mashayarsa tun zamanin kakansa. Irin waɗannan faya-fayan Baba ya tara, sun cika kwalin ayaba guda a ƙarƙashin tele, wato talabijin.

Yana jin Faransanci, shekara arba'in ai ba kwana arba'in ba ce, amma ya ce fim ba ya shiga jikinsa sai da Hausa. Lokacin suna samari sukan taka har Maradi su shiga silimar nan marar rufi, mahaifina da ya yi lakwal, wato makarantar boko, ya zauna a damansa yana mayar masa da maganar. Saboda haka ranar da ya fara ce mini in matso in faɗa masa abin da mai baƙar malafa ke cewa, ban ɗauke shi aiki ba, gado na ɗauke shi. Na kuwa iya, ba yabon kai ba. Nakan ara wa attajirin muryar wani dillalin garinmu da kowa ya san ba a ba shi amana, in ara wa matar manomin bakin gwaggota. In kaboyi ya yi magana ɗaya ni sai in yi uku, da zagi da habaici. Baba ya yi ta dariya har sai ya nemi ruwa.

Shi kuma aikinsa shari'a. Telekomand, wato rimot ɗin tele, na hannunsa kamar sandar mai gari. Da rigima ta yi zafi sai ya tsayar da hoton, mutane su daskare da baki buɗe, ya juyo gare ni.

"Tsaya, ɗan nan. Wa ya hwara saran wurin? Wa ya gina rijiya? Wa ya dasa icce?"

Tambayoyinsa ke nan kullum, ta ukun kuma ita ce babba. A wajenmu ana ba mutum aron gona ya noma shekara ashirin, ya ci geronsa ya ci wakensa, ba mai ce masa kanzil. Amma ba ya dasa itace. Ranar da ɗan aro ya dasa itace a gona, ya ce gonar tasa ce ke nan, kuma ranar za a tara dattawa. Baba yakan ce wautar kaboyi ita ce sun dogara da waya da takarda, alhali waya ana yanke ta, takarda wuta na cin ta. Wani lokaci kuma ya nuna mutanen da aka tarar a ƙasar, waɗanda ake nunowa can kan tudu bisa dawakai ba a ba su baki ba, ya ce ga masu saran farko can, amma ba wanda ya aika a kira su wajen shari'ar.

Bayan dogayen benayen unguwarsu akwai ƴan lambuna da hukumar gari ke ba tsofaffin ma'aikata. Baba na da ɗaya, bai fi girman ɗaki huɗu ba, da ƴar rumfar ajiye kaya da ganga ta tarar ruwan sama. A nan yake fama da yakuwa da tattasai da kuɓewar da ba ta taɓa yarda da ƙasar ba. Shekarata ta uku ya yanka mini gefe ɗaya, ya kafa ƴan turaku ya ja igiya.

"Aro na hwa, ɗan nan," ya ce. "Shuka abin da kake so, ban da icce."

Muka yi dariya, amma na ji daɗin abin har cikin ƙashina. Ni da ke Lyon ba ni da halin ban ruwa, shi ke yi mini. Yakan kira ni a waya, ko gaisuwa ba mu gama ba ya ce albasata ta fito.

Haka muke har aka yi masa aikin yanar ido. A asibitin ne ya yi tsaki ya yi mita da Hausa, likitan da ke duba shi ya amsa masa da Hausa. Shi ne dogon da na tarar a kujerata. Bazazzagi ne, Kirista, yana zaune a unguwar Porte de la Chapelle cikin Paris, bas ɗaya ke kawo shi ƙofar Baba. Ni kuwa tsakanina da Baba tafiyar rabin yini ce in an haɗa da jiran mota.

Da mugu ne da abin ya zo mini da sauƙi. Amma mutumin ba shi da abin kushewa, na nema har na gaji. Yana durƙusawa ya gaida Baba. Yana kawo masa maganin ɗigawa, ya ɗiga masa da hannunsa. Ni ma yana ce mini Malam, yana tambayar iyali, har ya riƙe ranar da ƴata ke fara makaranta. Baba na kiransa Dokta. To ni ma ai na yi karatun har ƙarshensa, har digirin dokta, takardar na rataye a falona, amma ban taɓa wuce ɗan nan ba. A da wannan sunan ya fi mini kowace takarda daɗi. Daga ranar da Dokta ya shigo ɗakin sai na ji kamar sunan ya yi mini kaɗan.

Sai kuma ya taɓa mini inda ya fi ciwo. Ya danna wani wuri a telekomand, kaboyin Baba suka bar Faransanci suka koma Turancinsu na asali, abin da shekara tara ban san ana yi ba. Ya zauna yana mayar da maganar tiryan-tiryan, ba ƙari ba ragi, kamar mai karanta takardar magani. Ba armashi ko kaɗan. Amma Baba ya gyara zama, ya ce yau ya ji muryar mutanen ta gaskiya. Da aka zo inda attajirin ya yi wa manomi magana a taƙaice, Baba ya dube ni yana dariya ya ce ashe ɗan nan gishiri yake zuba mini duk shekarun nan. Wasa yake yi. Ni ma na yi dariya, amma har na koma Lyon maganar na cin raina.

Abin kunya ne abin da zan faɗa, amma haka aka yi. Na koma ina ɗokin lokacin salla ba don Allah kaɗai ba. In aka kira la'asar a wayar Baba, Dokta yakan koma kicin ya ɗora shayi, mu biyu mu shimfiɗa darduma, kafaɗata na gogar ta Baba. Nan kam ba ya iya shigowa. Nakan ja addu'a in ƙara ja, har Baba ya fara motsa gwiwa. Da na ba matata labari, ina tsammanin za ta taya ni, sai ta ce tsoho ya samu mai kula da idonsa kyauta, maimakon in gode wa Allah na tsaya ina auna wa aka fi zuba wa miya. Ta ce in yi hankali, hassada ga mai rabo taki ce. Na ce mata ni ba hassada nake ba, tsari nake so. Ta ce to, Allah ya ba da tsari.

Da sanyi ya wuce na zo na tarar an ja sabuwar igiya a lambu. Baba ya yanka wa Dokta nasa gefen, manne da nawa. Turaku huɗu, igiya shuɗiya. Mutumin da bai san bambancin gero da dawa ba, an haife shi a gidajen ma'aikatan asibiti, fartanya ma riƙon alƙalami yake yi mata. Ya shuka kabewa, ita kuwa kabewa ba ta san igiya ba. Cikin wata biyu ta miƙo hannu ta hau kan albasata.

Da kabewar na fake. Wata Asabar ina ban ruwa ni kaɗai, na dubi turken da ke tsakaninmu, na ce ai tun farko ma kamar an cuce ni a awo. Na zare shi na matsar da shi taƙi ɗaya cikin na Dokta, na bi na ƙarshen ma na matsar, na ja igiyar ta miƙe, na shafe ramin da ƙafa. Taƙi ɗaya, wa zai gani? Tsoho mai ido ɗaya da rabi, ko likitan da bai san inda gonarsa ta fara ba? Bayan sati biyu na ƙara. Na sake ƙarawa. Ba wai ina da abin shukawa a wurin ba ne, ciyawa ce ma ta fito. Amma duk lokacin da na shiga jirgin komawa Lyon nakan ji kamar na ƙwato wani abu. Da yamma kuma in zauna a kan buhun shinkafa, tun da kujera ta zama ta mai fassara, ina kallon yaran attajiri suna tsinka wayar talaka ina tsine musu tare da Baba. Ko sau ɗaya ban ga kaina a cikinsu ba, ni a ganina ni ne manomin.

Damina ta zagayo, wato lokacin shukarsu na nan. Wata Asabar na iso, na ajiye jaka, na wuce lambu kafin abinci. Daga ƙofa na hango shi. Ɗan itacen ɓaure ne, tsawonsa bai wuce ƙuguna ba, ganye biyar ko shida, an yi masa gurbi an zuba taki. Yana tsaye kamu guda cikin gefena, ta wajena da igiyar. An kafa masa sanda, an ɗaure shi da farin bandeji irin na asibiti.

Kujera an karɓe, fassara an karɓe, yanzu kuma an shigo gonata an dasa itace. Ni da aka ce wa ban da icce. Kowane ɗan ƙauyenmu ya san abin da wannan ke nufi, ko yaron da bai fara azumi ba. Ko dai baƙon ya ce gefena nasa ne, ko kuma Baba ne ya ba shi, wanda ya fi muni.

Wajen cin abinci Dokta da kansa ya tayar da maganar, yana murna kamar wanda aka yi wa haihuwa.

"Malam, ka ga ɓaurenmu? Ni na haƙa ramin fa da kaina. Bayana har yanzu bai dawo daidai ba."

Na ce na gani, Allah ya raya. Baba na cin tuwonsa bai ɗago ba. Tambaya ɗaya ce a lokacin za ta raba gardama, in ce Baba, wa ya ce a dasa, kuma don me. Ban yi ba. Na ji tsoron amsar, girman kai kuma ya ce mini ɗan gida ba ya tambayar matsayinsa a gaban baƙo.

Washegari Lahadi, Dokta na coci, Baba ya karya ya kishingiɗa. Na ɗauki makullin lambu na ce zan yi ban ruwa kafin rana ta yi. Na kama ɓauren da hannu biyu na ja. Ban ma sa ƙarfi ba, bai riga ya kama ƙasa ba, ya fito da ɗan curin ƙasarsa. Na jefa shi bayan rumfa kan tarin shara da bandejinsa da komai, na cike ramin na tattake. Ba zan yi ƙarya ba, daɗi na ji. Har da ƴar waƙa na yi ban ruwan.

Kafin azahar Baba ya ce zai je ya tsinko na'ana'a. Na ce in je masa, ya ce ƙafarsa na son motsi. Ya daɗe. Da ya dawo ya miƙa mini ganyen, ya yi alwala, muka yi salla. Mai kaza a aljihu ba ya jimirin as, ko tari ya yi sai gabana ya faɗi. Amma da Dokta ya iso bayan la'asar ya nufi kujera, sai Baba ya ɗaga masa hannu.

"Dokta, yau ba ɗan nan wurinshi. Na yi marmarin gishirinshi."

Wayyo ni. Na zauna a kan kujerar nan kamar an naɗa ni sarauta. A raina na ce ashe tsoho ya gane, ya ga an shiga haƙƙina, ga shi yana ba ni haƙuri ta hanyar manya. Shi ya zaɓi faifan da kansa, wani da muka kalla ya fi sau goma. Na saki baki, na yi wa attajiri murya, na yi wa yaransa, har Dokta na dariya yana buga cinya. Aka zo inda yaran attajirin suka iso gonar talaka da rana tsaka, suka zarga igiya a turakun shingensa suka ja da dawakai, turakun na fita ɗaya bayan ɗaya, matarsa na tsaye a bakin ƙofa da tsumma a hannu. Ina cikin zuba musu ashar sai hoton ya tsaya.

Na jira tambayoyin nan uku. Ba su ya yi ba.

"Ɗan nan, wanda ya matsa turken maƙwabcinshi, mi ake ce mishi garinmu?"

Na ce ɓarawon iyaka. Muryata ta fito ƴar siririya.

"To wanda ya tuge icce hwa?"

Dokta ya dube ni ya dubi Baba, ya miƙe ya ce bari ya duba shayi. Baba ya ce ya zauna, da shi ake shari'ar.

Bai ɗaga murya ba, da ya ɗaga ma da ya fi mini sauƙi. Ya ce idonsa ne ya yi yana, ƙafarsa ba ta makance ba. Taku tara ya ba ni, taku tara ya ba Dokta, kuma duk safiya yana taka su. Tun matsawar farko ya sani. Ya yi shiru ya ce ƙuruciya ce, zan gaji in mayar. Ban gaji ba. Shi ne ya roƙi reshen ɓaure wajen wani tsoho maƙwabcinsa a lambu, ya auna da ƙafarsa, ya nuna wa Dokta inda zai haƙa. Itacen ba a cikin gefena yake ba. A kan iyakar gaskiya yake, daidai inda turken yake kafin in fara yawo da shi. Baba bai taɓa igiyar ba don yana so in gani da idona in mayar da ita da hannuna, ba wanda ya ji.

Sai ya tambaye ni ko na san wanda ya dasa tsamiyar da ke tsakanin gonarmu da tasa a gida. Na sha inuwarta, na sha ɗanyenta har haƙorana suka mutu, amma ban taɓa tambaya ba. Ya ce shi da mahaifina suka dasa ta, ana jibi zai taso zuwa Faransa. Itacen cikin gona na mai gona ne, amma na kan iyaka na mutum biyu ne, kowa ya ci na gefensa, kuma ba a saransa sai dukansu sun yarda. Wannan ma na san shi sarai, haushi ne ya rufe mini ido. Ya ce shekara talatin mahaifina na noman gonarsa aro, shi yana nan ƙasar wasu ba mai gani, ko taƙi ɗaya bai ci ba.

Ya ajiye telekomand a kan cinyarsa.

"Kahin sanyi zan koma gida, ɗiyana sun matsa, ni ma na gaji. Hilin nan na meri na, hukumar gari, ran da na miƙa makulli wani za su ba. Ba ni da gona ƙasar nan da zan bar maka, ɗan nan. Maƙwabci na so in bar maka."

Na sauka daga kujerar na durƙusa. Ban san me na ce ba, na dai san na yi kuka irin wanda ban yi ba tun rasuwar mahaifina, a gaban mutumin da na fi ƙin ya ga hawayena. Baba ya ce ya yafe, in tashi. Na juya wajen Dokta, ya riga ni da cewa ba komai. Ya rantse shi bai taɓa sanin itace na da wata magana ba, ya ɗauka ɓaure ɓaure ne, igiyar ma bai lura tana tafiya ba. Wato shekara guda ina yaƙi da mutumin da bai san ana yaƙi ba. Ya tambayi inda na jefa itacen, ya fita. Can sai ga shi da ɓauren a cikin bokitin fenti, ganyen sun yi laushi, ya ce zai gwada ko zai tashi. Baba ya ce kada a mayar da shi lambu, abin da aka tuge an tuge.

An yafe mini, amma wata huɗun da suka rage ba su koma kamar da ba. Na mayar da turakun inda suke. Ina zuwa, muna salla, muna kallo. Kujerar kuwa Baba ya sa aka fitar da ita baranda ya ɗora mata tukunyar na'ana'a, mu biyu muka koma zaman ƙasa. Bai ƙara tsayar da hoto ya tambaye ni shari'a ba.

Ana saura kwana biyu ya tafi ya raba kayansa. Tukwane ya ba maƙwabta, rigunan sanyi ya ce a kai wa masu kwana a bakin titi a unguwar Dokta. Idona na kan kwalin ayaba, ban ɓoye ba. Ya tura shi da ƙafa gaban Dokta. Ni kuma ya miƙo mini leda baƙa. Na buɗe, turaku huɗu ne da igiya shuɗiya a naɗe, da sauran ƙasa a jikinsu.

"Kai ka hi kowa kula da su," ya ce, yana murmushi. Ya dafa kaina ya daɗe yana sa mini albarka.

Ledar tana nan a Vaulx-en-Velin, a saman kabad, ba ni da ko taƙin ƙasa da zan kafa su. Matata ta so ta zubar na hana.

Ɓauren ya tashi. Yana barandar Dokta a hawa na shida, yana shan hayaƙin motocin babban titi, an canza masa bokiti sau biyu. Tun da faya-fayan na wajensa, in ina son ganin kaboyin Baba dole in je can, kuma ina zuwa, wata-wata. Muna zama mu biyu, ba mai fassara, ba mai tsayar da hoto. Bara itacen ya yi ƴaƴa bakwai. Dokta bai taɓa na gefen titi ba, ya ce nawa ne, ya bar su har na zo, biyu ma tsuntsaye sun riga ni. Na ci, suna da zaƙi, zaƙin ma ya ba ni haushi, don a hannunsa suka nuna.

Baba na kira daga gida ranar Lahadi bayan la'asar. Yana da lambata, shi ya fi kowa saninta, amma ba ya kira sai ta wayar Dokta. In ina son jin muryarsa sai in kasance a ɗakin. Na san dalilinsa, kuma na san ya fi ni gaskiya. Sanin bai warkar da ni ba. Ina zaune ina ji suna gaisawa, ya tambayi asibiti, ya tambayi yara, ya tambayi ɓaure ganye nawa ya ƙara, ni kuwa idona na kan agogon bango ina lissafin mintin da ya ba shi. Sai ya gama da shi tsaf sannan ya ce a ba ɗan nan.